Daga Zakka Zuwa Sauran Duniya: Yadda Littafi Ke Nuna Hanyar Ɗan'uwansa

A ƙarshen watan Maris na 1853 wani ayari ya fito daga birnin Katsina ya nufi ƙasar Sakkwato. Ya bi ta Kuraye da Kurfi, ya yada zango a Zakka, sannan ya kutsa daji ya ɓulla Zurmi, ana tafe ana waige saboda labarin rundunar Gobirawa. A cikin ayarin akwai wani Bajamushe, Heinrich Barth, wanda mutanen ƙasar nan suka sani da Abdulkarim, da wani yaro Bahaushe mai yi masa hidima, sunansa Dorugu. Dukkansu biyu sun bar labarin yawonsu. Na Barth ya fito cikin juzu'i 5 tsakanin 1857 da 1858. Na Dorugu kuwa da bakinsa ya faɗa, da Hausa, yana Ingila, wani ɗan mishan mai suna J. F. Schön ya rubuta, ya buga a cikin Magana Hausa a 1885.

Zakkar nan ita ce dai ta ƙasar Safana. Za a iya haihuwar yaro a can, ya gama sakandare, har ya yi aure, ba wanda ya taɓa gaya masa cewa sunan garinsu na kwance cikin littafin da ya haura shekara 160, wanda kuma yau ana iya sauke shi kyauta a waya. Wannan ita ce babbar asarar matashin Batsari da Safana a harkar karatu. Rashin kantin littafi matsala ce, ba musu. Amma wadda ta fi ta ciwo ita ce mutum ya rasa sunan abin da zai nema. Ko an ajiye shi a tsakiyar rumfunan littattafai na Sabon Garin Kano da kuɗi a aljihu, in bai san me zai tambaya ba, abin da ya saba shi zai ɗauko.

Abin da aka saba ɗin kuma ya rabu gida uku, kowa ya kama nasa ya ƙanƙame. Akwai 'yan "handawut" da tambayoyin jarrabawar baya, waɗanda ranar da aka gama WAEC da NECO ranar suka yi sallama da takarda. Akwai masu bin labaran soyayya shafi-shafi a WhatsApp da Wattpad, su kwana suna jiran marubuciya ta saki na gaba. Akwai kuma 'yan zaure, masu Ahalari da Ishmawi da Iziyya da Risala, waɗanda wasunsu ke ganin duk wani ƙagaggen labari ɓata lokaci ne. Kowane ɓangare na kallon sauran a karkace.

Ga duk mai wannan ra'ayi, tarihin Abubakar Imam ya ishe shi amsa. Yana malami a Makarantar Midil ta Katsina ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar da Rupert East ya shirya a 1933, gasar da ta fito da Ganɗoki na yayansa Bello Kagara, da Shaihu Umar, da Idon Matambayi, da Jiki Magayi. Imam ɗan gidan malamai ne, ya yi karatun zaure kafin boko, kuma daga Muƙamatul Hariri, littafin da manyan almajirai ke karantawa don ƙwarewa a Larabci, ya samo wani ɓangare na dabarar Ruwan Bagaja. Da ya zo rubuta Magana Jari Ce sai ya ƙara faɗaɗa hannu: ya ɗebo daga Dare Dubu da Ɗaya, da Kalila wa Dimna, da tatsuniyoyin Turawan Jamus, da labaran akun nan na Indiya, ya ɗinke su da zaren Hausa har mai karatu ya rantse a Katsina aka haife su. Mutumin nan ne kuma ya haɗu da East suka yi Ikon Allah, littafin da ke bayanin halittu da sararin sama da Hausa mai sauƙi, ya rubuta Tafiya Mabuɗin Ilmi kan ziyararsa Ingila a 1943, ya kuma riƙe jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo tun fitowarta a 1939. Da ya tsaya a fanni guda, da babu ko ɗaya daga cikin waɗannan.

To, ta yaya wanda ba shi da jagora zai gano littafi na gaba? Mutanen wannan yanki sun san bin sawu. In saniya ta ɓata ba a zama jiran wanda zai zo ya faɗi inda take. Inda ta taka na ƙarshe ake dubawa, shi zai kai mutum ga na gaba. Haka littafi yake. Duk wanda aka karanta da hankali yana barin tambaya, tambayar kuma tana da littafin da ke amsa ta.

A ɗauki Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda kusan duk tsohon malamin Hausa ke da shi a akwati. Labari ne na yaron da aka sace yana ƙarami, aka ƙetare Sahara da shi, uwarsa ta bazama nemansa har ita ma ta faɗa hannun masu cinikin bayi. Yaron da ya tashi a Wagini ko Runka cikin shekarun nan ba ya buƙatar a fassara masa irin wannan tashin hankali. Idan ya rufe littafin, tambayar da za ta zo masa ita ce: shin haka abin ya faru, ko Ɓalewa ya ƙara gishiri? Amsa tana wurin Dorugu, wanda shi da kansa aka kama yana yaro a ƙasar Damagaram aka sayar, kafin abokin tafiyar Barth, Adolf Overweg, ya 'yanta shi. A. H. M. Kirk-Greene da Paul Newman sun fitar da labarinsa da Turanci a 1971. Daga nan sai Baba ta Karo, tsohuwar da ta zauna da Mary Smith a 1949 da 1950 ta ba ta labarin rayuwarta kaf, tun daga wasan gaɗa da aure da kishi har harin da aka kai wa danginta aka kwashe mata da yara, da yadda aka yi ta haɗa dukiya ana fansarsu. Littafin ya fito da Turanci a 1954, daga baya aka buga shi da Hausar da ta faɗe shi. Wanda ya karanta waɗannan uku a jere zai gane cewa kalmar "fansa" ba yau ta shigo bakin Bahaushe ba, zai kuma fara tambayar abin da ya kawo ƙarshen wancan zamani, da abin da ya sake buɗe ƙofa a wannan.

Wannan tambaya ce za ta kai shi ga Yusufu Bala Usman, ɗan Musawa, da littafinsa The Transformation of Katsina, 1400–1883, wanda Jami'ar Ahmadu Bello ta buga a 1981. Ba littafin da ake gamawa a dare ɗaya ba ne, Turancinsa na buƙatar ƙamus a gefe. Amma a ciki ne mutum zai ga ƙasar Katsina da garuruwanta da dazuzzukanta da hanyoyin fataucinta a matsayin abin nazari, ya ga yadda yaƙe-yaƙen Katsina da Maraɗi suka sa garuruwan yamma zama bakin daga. Wanda ya taso yana jin sunan Ɗanwaire da jarumtar mutanen Ruma a bakin kakanni zai sami wurin da zai ajiye waɗannan labarai. Bala Usman ɗin kuma ya yi wani abu da ya kamata kowane matashi ya koya: ya rubuta maƙala musamman a kan zaman Barth a Katsina, yana auna abin da baƙon ya gani da idonsa da abin da ya ji a bakin wasu da abin da ya shigo da shi a kansa tun daga Turai. Tana cikin tarin maƙalunsa, Beyond Fairy Tales. Darasin a fili yake. Shigar magana cikin littafi ba ya mai da ita gaskiya, sai an gwada ta da wata.

Daga ƙagaggen labari ɗaya, ke nan, an bi ta tarihin rayuwar mutum biyu, an shiga littafin tarihi, an fito a kan yadda ake tantance hujja. Ba wanda ya rubuta wa mai karatun jerin sunaye.

Marubutan da suka fito daga Jihar Katsina sun bar abin da zai riƙe mutum shekara guda. Sulaiman Ibrahim Katsina ya ci gasar kamfanin NNPC na Zariya da Mallakin Zuciyata, wanda ya fito a 1980, sannan ya kawo Turmin Danya a 1982, labarin attajirin ɗan fasa-ƙwauri da jami'an da ya saye. Mai zaune kusa da Jibiya zai karanta shi yana gyaɗa kai. A shekarar ce kuma Ƙarshen Alewa Ƙasa na Bature Gagare ya fito, labarin Mailoma, wanda ya tara makamai da mabiya bayan yaƙin basasa ya zame wa jama'a annoba. A wancan lokaci wasu sun ɗauke shi tamkar fim ɗin faɗa da aka zuba a takarda. Mai karanta shi yau a gefen dajin Rugu da wuya ya yi masa wannan kallo. Akwai Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa ga mai son jarumta, akwai 'Yartsana na Ibrahim Sheme ga mai son ganin yadda rayuwa ke tura mace bariki, akwai Gandun Dabbobi, fassarar da Bala A. Funtuwa ya yi wa Animal Farm na George Orwell a 1975. Wannan na ƙarshe ya dace a karanta shi ana saura wata uku zaɓe.

Akwai kuma littafi ɗaya da ya kamata ɗan manomi ya nema da gangan: Burning Grass na Cyprian Ekwensi, na 1962. Ekwensi Ibo ne da aka haifa a Minna, ya yi aikin gandun daji a Arewa, ya rubuta labarin wani dattijon Bafulatani, Mai Sunsaye, da iyalinsa da shanunsu. A yankin da zaman manomi da makiyayi ya yi tsami har ta kai wasu yara ba su taɓa zama sun yi hira da ɗan ruga ba, littafin da zai sa mutum ya kwana cikin bukka yana jin damuwar mai ita ba ƙaramin abu ba ne. Ba zai warware rikici ba. Zai dai hana mutum yi wa al'umma guda kuɗin goro.

'Yan mata kuwa an daɗe ana yi musu gorin littattafan soyayya, alhali su ne suka riƙe karatun Hausa lokacin da samari suka koma kallon ƙwallo. Gorin bai da amfani. Abin da ya fi shi ne a nuna wa yarinya cewa fagen da take ciki yana da manya. So Aljannar Duniya na Hafsat Abdulwaheed ya fito tun 1980. Balaraba Ramat Yakubu, wadda aka cire daga makaranta aka yi mata aure tana ƙarama, ta rubuta Wa Zai Auri Jahila? da Alhaki Kuykuyo Ne, na biyun har Aliyu Kamal ya mai da shi Turanci wani kamfani a Indiya ya buga a 2012. Bilkisu Ahmed Funtuwa ta yi Allura Cikin Ruwa. Wadda ta karanta waɗannan za ta fara bambance marubuciyar da ta san abin da take yi da mai jan labari don kawai a ci gaba da biyan kuɗin shiga guruf. Daga nan taki ɗaya ne zuwa The Stillborn na Zaynab Alkali, na 1984, taki biyu zuwa Baba ta Karo. Tun 2016 kuma Sashen Hausa na BBC ke shirya gasar Hikayata, wadda Aisha Muhammad Sabitu ta fara lashewa da Sansani, labarin 'yan gudun hijira. Yarinyar da ta ga makarantar firamaren garinsu cike da mutanen ƙauye da ƙunshin kayansu tana da abin rubutawa, amma sai ta ga yadda wasu suka yi tukuna.

Inda aka fi rauni shi ne kimiyya da sana'a. Da yawa na ganin wannan fagen sai an shiga jami'a. A Malawi, yunwar 2001 zuwa 2002 ta sa William Kamkwamba barin makaranta saboda iyayensa sun kasa biyan kuɗi. Ya riƙa zuwa wani ɗan ƙaramin ɗakin karatu a ƙauyensu, ya ci karo da littafi mai suna Using Energy, da hoton injin iska a bangonsa. Turancinsa bai kai ya gane komai ba, sai ya bi zane-zanen. Yana ɗan shekara 14 ya haɗa injin da tarkacen keke da bututun roba, ya kawo wuta ɗakinsu. Labarin na cikin The Boy Who Harnessed the Wind na 2009. Mai gyaran waya ko mai haɗa sola a kasuwar Batsari ya fi Kamkwamba kayan aiki. Abin da ya rage masa shi ne littafin da zai gaya masa dalilin abin da hannunsa ya riga ya iya. Tsohon littafin fizis na aji huɗu ya isa a fara. Mai noma ya nemi ƙasidun da cibiyar NAERLS ta Zariya ke fitarwa kan iri da taki da ajiyar hatsi. Wanda kuma ke ganin lissafi kayan Nasara ne, ya binciki Muhammad al-Katsinawi, malamin da ya yi rubutu da Larabci kan lissafin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. In ana son shiga ta ƙofar wasa, Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, na 1969, zai ɗauki yaro ya kai shi sararin samaniya da Hausa.

Saura tambayar da ta fi kowace zafi: ina za a same su?

Wuri na farko shi ne akwatin malaman da suka yi ritaya da tsofaffin ma'aikatan ƙaramar hukuma. Yawancinsu na da littattafan NNPC da na Pacesetters da suka yi shekaru ba wanda ya tambaya. Gaisuwa da ladabi, "Baba, ko akwai abin da zan karanta?", ta kan buɗe akwatin, mayar da littafi a kan lokaci kuma shi ke sa a sake buɗewa. Cikin irin waɗannan akwatuna ake samun The Undesirable Element na Mohammed Sule, wanda Turancinsa bai da nauyi, ya dace da mai son fara karatu da harshen. Na biyu, ɗalibai. Dutsin-ma na maƙwabtaka da Safana, tana da Jami'ar Tarayya da aka kafa a 2011 da Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita. Katsina na da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da Al-Ƙalam da Kwalejin Hassan Usman. Kusan kowace unguwa na da yaya ko ƙane a ɗaya daga cikinsu, mai katin shiga laburare. A ba shi suna takamaimai, kada a ce masa "ka samo min littafi mai daɗi". Na uku, masu kasa littattafai a bakin masallacin Juma'a da ranar kasuwa. Abin da ake tambaya shi suke sarowa. In mutum biyar suka nemi Magana Jari Ce a wata guda, za a gan shi a tabarma. Direban da ke jigila zuwa Katsina ko Kano ma ya kan zo da saƙo in an rubuta masa suna a takarda.

Shi kansa littafin yana ɗauke da adireshin 'yan'uwansa. Bangon baya na littattafan Hausa sau da yawa na jera wasu da kamfanin ya buga. Shafukan ƙarshe na littafin ilimi, waɗanda kowa ke tsallakewa, jerin manazarta ne, wato sunayen duk abin da marubucin ya karanta. Hausa a Rubuce na Ibrahim Yaro Yahaya, na 1988, kusan gaba ɗayansa jagora ne ga abin da aka rubuta da Hausa, daga waƙoƙin ajami har wasan kwaikwayo.

Waya ta sauƙaƙa abubuwa da yawa. Tsofaffin littattafai irin na Barth suna nan kyauta a Internet Archive, ƙamusun Bargery na 1934 ma yana intanet. Amma mutanen wannan yanki sun ga iyakarta. A watan Satumba na 2021 gwamnati ta rufe layukan sadarwa a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, har da Batsari da Safana, aka yi watanni ba kira ba data. Wanda karatunsa ya dogara ga shafin da za a turo gobe ya zauna hannu rabbana. Wanda ya sauke littafi cikakke a katin waya, ko yake da na takarda, bai ji komai ba ta wannan fuska. Saboda haka duk wanda ya sami sabis mai ƙarfi, ya sauke ya ajiye. Sai dai a bambance tsohon littafin da ya zama na kowa da na marubuciyar da ke raye tana ci da alƙalaminta. Tura littafinta guruf-guruf ba izini cin haƙƙi ne, ko da an sa masa sunan taimako.

Ba dole ba ne a gama duk littafin da aka fara. In an ba shi shafi 40 ko 50 bai kama zuciya ba, a mayar wa mai shi, wataƙila lokacinsa bai yi ba. Abin da bai kamata a bari ba shi ne rubuta suna. Abdullahi ɗan Fodiyo ya bar ɗan littafi, Ida'un Nusukhi, inda ya lissafa malamansa da littattafan da ya karanta a wurin kowannensu, shi ya sa yau aka san abin da almajirin ƙarni na 18 ke karantawa a ƙasar nan. Littafin rubutu mai shafi 40 ya isa: sunan littafi, mai shi, ranar da aka karɓa, ranar da aka mayar, da tambaya ɗaya da ya bari. In abokai shida suka yi haka, kowa ya sayi littafi ɗaya daga fanni dabam bayan an sayar da amfanin gona, ɗaya labari, ɗaya tarihi, ɗaya addini, ɗaya kimiyya, ɗaya waƙa, ɗaya tarihin rayuwar wani, suka riƙa musanya duk sati biyu, kafin wata uku kowannensu ya karanta shida da kuɗin guda. Wanda ya fi kowa riƙon amana shi za a ba ajiyar littafin rubutun, a kuma naɗe littattafan a leda a sa su cikin akwatin ƙarfe, saboda gara da yoyon damina.